José Montesinos da Tarihin Ƙagaggen Labari a Sifaniya

Ƙasar da ta haifi Cervantes, marubucin Don Quixote, ta yi fiye da ƙarni guda ba ta fitar da ƙagaggen labari mai nauyi ba. Ta yaya wannan fanni ya farfaɗo a ƙarni na 19? Tambayar ke nan da José Fernández Montesinos ya ƙarar da rabin rayuwarsa a kanta.

An haife shi a Granada a 1897. Ya yi aiki a cibiyar nazarin tarihi ta Madrid ƙarƙashin Ramón Menéndez Pidal, inda ya fara da nazarin wasan kwaikwayon Lope de Vega, sa'annan ya koyar a Hamburg ta Jamus. Yaƙin basasa na 1936 ya taɓa gidansu kai tsaye: a watan Agusta aka harbe ɗan'uwansa Manuel, magajin garin Granada, wanda ke auren ƙanwar mawaƙi García Lorca. Montesinos ya yi gudun hijira zuwa Faransa, daga can ya koma Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley a 1946.

Amsar da ya bayar ba ta yi wa masu alfahari da ƙasa daɗi ba. A littafinsa na 1955, gabatarwa ga tarihin ƙagaggen labari a Sifaniya, ya jera labaran da aka fassara zuwa Sifaniyanci tsakanin 1800 da 1850, ya nuna cewa fassarar Walter Scott da ta marubutan Faransa ce ta raini masu karatu kafin marubutan gida su iso. Aikin tattara sunayen littattafai ba ya burge kowa, amma a ganina nan ƙarfin hujjarsa yake, domin yana da wuya a yi gardama da abin da maɗaba'u suka buga kuma mutane suka saya.

A 1960 ya ƙara matsawa. An saba cewa gajerun rubuce-rubucen siffanta al'adun jama'a, waɗanda ake kira costumbrismo, su ne tushen sabon labarin. Shi kuwa ya ce sun koya wa marubuta kallon mai sayar da ruwa ko ɗan bokon birni a matsayin samfuri, ba mutum mai zuciya da tarihinsa ba, don haka suka jinkirta fannin. Wasu manazarta na baya sun ga ya tsananta, kuma ina ganin suna da ƴar gaskiya.

Ya rubuta littattafai a kan Valera da Pereda da Fernán Caballero, ya ƙare da mujalladi uku a kan Benito Pérez Galdós, na farko a 1968. Ya rasu a Berkeley a 1972, Franco na kan mulki.