KALMA GUDA DA TA RABA COCIN TURAI: TARIHIN MA'ANAR TUBA A GIRKANCIN SABON ALKAWARI

Abin da zan yi magana a kansa yau tarihin wata kalma ce ta Girkanci, watau metanoia, wadda mu Hausawa muke fassarawa da tuba. Kada wani ya ɗauka wannan aikin masu ƙamus ne kurum, domin gardamar da aka yi a kan fassararta tana cikin abubuwan da suka raba Kiristocin Turai gida biyu a ƙarni na 16, har aka rasa rayuka.

An rubuta littattafan Sabon Alkawari da Girkancin gama-gari, wanda ake kira koine, harshen da ya bazu a gabashin Bahar Rum bayan yaƙe-yaƙen Iskandari, wanda ya mutu a shekara ta 323 kafin haihuwar Almasihu. Da can wasu malamai suna zaton wani keɓaɓɓen harshe ne mai tsarki, sai da aka tono dubban tsofaffin takardu a Masar a ƙarshen ƙarni na 19, wasiƙu da rasidai da takardun haraji, sa'an nan Adolf Deissmann, Bajamushe, ya nuna cewa harshen kasuwa ne da na kotu da na gida. Saboda haka kowace kalma tana da ma'anar da jama'a suka san ta da ita tun kafin marubutan Linjila su ɗauke ta. Alal misali, ekklesia, wadda ta zama ikkilisiya a bakinmu, taron 'yan gari ce, har ma littafin Ayyukan Manzanni, sura ta 19, ya kira taron masu tarzoma na birnin Afisa da wannan suna.

Ita metanoia gaɓa biyu ce: meta, wadda ke nuna baya ko sauyi, da kuma tushen nous, watau hankali. Ma'anarta ta farko ita ce sake tunani bayan an riga an yanke shawara. Marubucin tarihi Thucydides ya ba da kyakkyawan misali. Mutanen birnin Mytilene sun yi wa Atina tawaye, aka ci su da yaƙi a shekara ta 427 kafin Almasihu. Cikin fushi taron mutanen Atina ya yanke hukuncin a kashe dukan mazan birnin, a bautar da mata da yara, aka tura jirgin ruwa da wannan umurni. Kashegari sai metanoia ta kama su, in ji marubucin. Suka sake zama, suka soke hukuncin da ɗan ƙaramin rinjaye, suka tura jirgi na biyu, matuƙansa suna cin abinci suna tuƙi, suna barci bi da bi, har suka isa kafin a zartar. A nan babu zancen Allah ko zunubi, mutane ne kawai suka ga shawarar jiya ta yi muni suka janye ta.

To, amma Yesu Almasihu, watau Annabi Isa, da Yahaya Maibaftisma ba 'yan Atina ba ne. Da Aramiyanci suke wa'azi, kuma tarbiyyarsu ta annabawan Bani Isra'ila ce. Ibrananci yana da kalmomi biyu a wannan fage: shub, watau juyowa ko komowa, kamar matafiyin da ya gane ya ɓata hanya, da kuma naham, watau jin zafin abu a zuciya. Da Yahudawan Iskandariya suka fara juya littattafansu zuwa Girkanci a ƙarni na 3 kafin Almasihu, yawanci da epistrepho suka fassara shub, aikatau na metanoia kuwa suka ba naham. Sannu a hankali ma'anonin suka shiga juna, ta yadda a zamanin manzanni metanoia ta riga ta ɗauki nauyin komowa ga Allah. Kalmar da aikataunta sun zo fiye da sau 50 a Sabon Alkawari.

Wurare biyu sun isa su nuna haka. A Luka sura ta 3, da masu karɓar haraji suka tambayi Yahaya abin da za su yi, ya umurce su kada su karɓi fiye da abin da aka ƙayyade. Sojoji kuwa ya hana su ƙwace da ƙage, ya ce su ƙoshi da albashinsu. Ina tsammanin ma'aikatan da ke cikin wannan zaure sun lura cewa ma'aikatan hukuma ne aka ba waɗannan amsoshi, kuma ba a ce musu su bar aiki ba. Wuri na biyu shi ne Matiyu sura ta 27, inda Yahuza Iskariyoti ya mayar da azurfa 30 ɗin da ya karɓa. Kalmar da aka yi amfani da ita a kansa ita ce metamelomai, wadda ta fi karkata ga da-na-sani. Bai kamata a tsananta bambancin ba, domin akwai inda kalmomin biyu suke kusantar juna, amma masu tafsiri da yawa sun ga hikima a wannan zaɓi.

Matsalar ta taso ne da aka koma harshen Latin. Mafassaran farko, da Jerome wanda Paparoma Damasus ya ɗora wa aikin gyaran fassarar Linjila wajen shekara ta 382, sun yi amfani da paenitentia, tare da aikatau mai ma'anar yi. Tun kafin Jerome, Tertullian na Kartaj ya riga ya lura cewa kalmar Girkancin daga sauyin zuciya aka gina ta, ba daga furta laifi ba. Duk da haka, da tafiya ta yi tafiya, sai mai karatun Latin ya riƙa jin umurnin kamar ana cewa ya je ya yi kaffara: ya furta zunubansa gaban firist, ya karɓi azumi ko sadaka ko ziyarar da aka ɗora masa. A 1215 babban taron Lateran na huɗu ya wajabta wannan furci aƙalla sau ɗaya a shekara. Daga nan aka kai ga takardun sassauta horo, waɗanda daga baya aka riƙa bayarwa a bakin kuɗi.

A 1516 Erasmus ya buga Sabon Alkawari da Girkanci a birnin Basel, tare da bayanai, inda ya nuna cewa metanoia ta fi kusa da dawowa cikin hayyaci. Shekara guda bayan haka Martin Luther ya fitar da batutuwansa 95 a Wittenberg, na farkonsu kuwa a kan wannan umurni ne na Matiyu sura ta 4, yana mai cewa dukan rayuwar mumini ake nufi ta zama tuba. William Tyndale, a fassararsa ta Ingilishi ta 1526, ya kauce wa kalmar kaffara, ya fassara ekklesia da taron jama'a, presbyteros da dattijo maimakon firist, agape kuma da ƙauna maimakon kalmar da mutane suka saba ji a matsayin sadaka. Thomas More ya far masa a rubuce a 1529 a kan waɗannan kalmomi, domin ya gane cewa ikon malaman coci ne ake taɓawa. An shaƙe Tyndale aka ƙone gawarsa a Vilvoorde, kusa da Brussels, a 1536. Katolika kuwa, a fassararsu ta Ingilishi da aka buga a Rheims a 1582, suka riƙe lafazin yin kaffara.

A ganina kowane ɓangare yana da rabin gaskiya. Erasmus ya yi daidai a kan ginin kalmar, amma wanda ya tsaya a kan sake tunani kawai ya koma Atina, ya manta da abin da aka faɗa wa masu haraji. James Barr ya yi gargaɗi a 1961 cewa tushen kalma ba shi ne ma'anarta ba, yadda ake amfani da ita shi ne. Haka ake yi wa hamartia, watau zunubi: masu wa'azi suna son cewa asalinta kuskuren mai harbi ne da bai sami abin bara ba, alhali a bakin Bulus ta riga ta zama sarauniya mai bautar da mutum.

Mafassaran Hausa, tun daga cikakken Littafi Mai Tsarki na 1932 wanda Likita Walter Miller ya yi wa babban aiki, ba su sha wannan wahala ba. Sun tarar da tuba a bakin jama'a, daga Larabci tauba, wadda tushenta komowa ne, kuma masana harsuna suna danganta ta da shub ta Ibrananci da tub ta Aramiyanci. Sun kuma tarar malaman Musulunci sun daɗe da rarrabe ta da nadama, suna koyar da cewa nadama sharaɗi ɗaya ce kawai, sai an haɗa da barin laifin, da ƙudurin ƙin komawa, da mayar da hakki ga mai shi. Watau kalmar da Bahaushe yake karantawa a Matiyu sura ta 4 ta fito daga dangin harshen da aka yi wa'azin da shi tun farko, ba ta bi ta Latin ba.