Bonavista: Garin da Kifi Ya Gina, Ya Kuma Bar Shi

A gabashin Kanada, a tsibirin Newfoundland, akwai wani ƙaramin gari a bakin teku mai suna Bonavista. Mutanen garin suna cewa nan John Cabot ya fara sauka a 1497. Tun daga lokacin, kusan shekara 500, abincinsu da sana'arsu kifin kod ne, dangin busasshen kifin nan da ake shigowa da shi Najeriya daga Norway. Masunta kan fita da ƙananan jirage, mata da yara su tsaga kifin, su sa gishiri, su shanya, a kai shi kasuwannin Fotugal da Sifen.

Bayan 1950 manyan jiragen Turai suka iso, masu jan taru a ƙasan teku, suna sarrafa kifin a cikin jirgi dare da rana. A 1968 kaɗai an kama kimanin tan 800,000. A 1977 Kanada ta faɗaɗa iyakar ruwanta zuwa mil 200, ta kori baƙi, amma sai kamfanoninta suka ɗora daga inda baƙin suka tsaya.

A shekarun 1980 masuntan bakin gaɓa suka yi ta kuka cewa kifi ya ragu, wanda ake samu ma ƙanana ne. Hukuma ba ta saurare su ba, domin lissafinta ya dogara sosai da yawan abin da manyan jirage ke kamawa. Su kuwa jiragen suna da na'urar gano inda kifi ya taru. Sai taru ya riƙa cika, alƙaluma suna nuna lafiya lau, alhali ragowar kifin ake kwashewa.

Ranar 2 ga Yuli, 1992, ministan harkar kamun kifi, John Crosbie, ya haramta kamun kod. Mutum kusan 30,000 suka rasa aiki a lardin. An ce haramcin na shekara biyu ne. Sai a 2024 aka ɗage shi, da ɗan ƙaramin kaso.

Matasa da yawa suka tafi aikin mai a Alberta. Waɗanda suka zauna a Bonavista suka koma kamun ƙaguwa da karɓar 'yan yawon buɗe ido, waɗanda ke zuwa kallon tsofaffin rumbunan gishiri da wuraren shanya kifi.