Daga Makarantar Kuɗi Zuwa ta Gwamnati: Tarihin Takardar Shaidar Malanta

Hausawa sun ce waiwaye adon tafiya. Da yawa daga cikin 'yan ajinmu yau koyarwa ce abincinsu. Wasu sun shekara bakwai, wasu goma, suna riƙe da alli a makarantun kuɗi na Unguwar Rimi da Malali da Kawo, amma duk sa'ad da gwamnati ta tashi ɗaukar malamai sai a ce takardunsu ba su cika ba. Abin da suke tambaya shi ne, shin shekarun nan ba a bakin komai suke ba? Na ga ya dace mu nemi amsa a tarihi, domin maganar ta girme mu duka.

Bayan buɗe Kwalejin Horon Malamai ta Katsina a 1922, Turawa sun tsara aikin malanta tamkar tsani. Wanda ya sami takardar shaidar malanta mai daraja ta uku sai ya shiga aji ya koyar na aƙalla shekara biyu, sa'an nan ya koma kwaleji neman mai daraja ta biyu. Ke nan aikin aji shi ke buɗe wa mutum ƙofar mataki na gaba, amma sai ya zauna jarrabawa kafin ya taka shi. Marigayi Abubakar Tafawa Ɓalewa ma ta nan ya bi. Ya gama Katsina a 1933, ya yi fiye da shekara goma yana koyarwa a Midil ta Bauchi, kana a 1945 aka tura shi Jami'ar Landan ƙaro ilmin koyarwa.

A unguwarmu ma akwai abin lura. Kwalejin Rimi 'yan mishan na Katolika ne suka kafa ta a 1949 da sunan St. John's. A farkon shekarun 1970, zamanin mulkin Abba Kyari a Jihar Arewa ta Tsakiya, gwamnati ta karɓe irin waɗannan makarantu ta sake musu suna. Haka Queen of Apostles ta zama Sarauniya Amina, St. Paul's ta Zariya ta zama Kufena. Malaman da suka zauna sun wayi gari ma'aikatan gwamnati ba tare da sun bar azuzuwansu ba. Wannan sauyi ne na siyasa, kuma ba kullum ake samun irinsa ba.

A 1976 gwamnatin Janar Obasanjo ta ƙaddamar da shirin ilmin firamare kyauta, wato UPE. Yara suka yi ta tururuwa, malamai suka yi kaɗan, aka ɗebi dubban mutane marasa horo aka ba su azuzuwa. Domin gyara wannan ne aka kafa Cibiyar Malamai ta Ƙasa, wato NTI, a nan Kaduna cikin shekarar, aka tabbatar da ita da doka a 1978. Hikimar da ke ciki ita ce malami ba sai ya ajiye aikinsa ba. Yana koyarwa ranakun aiki, yana karanta littattafan cibiyar a gida, ƙarshen mako da lokacin hutu ya halarci darasi. Ta haka malamai masu ɗimbin yawa suka sami takarda mai daraja ta biyu, daga 1990 kuma aka soma ba da NCE ta wannan hanya.

Daga nan sharuɗɗa suka ƙara tsauri. NCE ta zama mafi ƙarancin takardar da ake shiga koyarwa da ita. Doka mai lamba 31 ta 1993 ta kafa Hukumar Rajistar Malamai ta Nijeriya, wato TRCN, wadda hurumi nata ya haɗa makarantun gwamnati da na kuɗi. A 2017 hukumar ta soma jarrabawar cancanta kafin rajista. A shekarar ce kuma gwamnatin Jihar Kaduna ta gwada malaman firamare kimanin 33,000, ta ce 21,780 ba su ci ba, ta sallame su ta nemi sababbi. Masu digiri da yawa da ke makarantun kuɗi a lokacin suka gane cewa digirin kimiyya ko na tattalin arziki, komai kyansa, ba takardar malanta ba ce.

A Ingila akwai hanyar da gogaggen malami mai digiri, ko a makarantar kuɗi yake, za a zo a duba yadda yake koyarwa, a auna shi, a ba shi shaida cikin 'yan watanni. Mu namu tsarin bai tafi haka ba. Hanyar da aka saba ita ce mai digirin da ba na ilmi ba ya yi babbar difloma ta koyarwa, wato PGDE, a NTI ko a jami'a irin ta Ahmadu Bello, sa'an nan ya zauna jarrabawar TRCN ya karɓi lasisi.

Ni kaina na koyar shekara biyu a wata makarantar kuɗi bayan hidimar ƙasa, kafin in shiga aikin gwamnati. Abin da aikin ofis ya nuna mini shi ne, fayil ba ya jin labarin baka. Shekarun da mutum ya yi a aji ba sa magana sai da takardar ɗaukar aiki, da shaidar albashi, da wasiƙar shugaban makaranta. Saboda haka ina ba 'yan'uwa shawara su adana waɗannan tun makarantar tana nan, domin makarantun kuɗi kan rufe ko su canza hannu.

Daga ƙarshe, tarihi ya nuna cewa gogewa ba ta taɓa tsayawa a madadin takarda ba, amma kullum akan bar wa malamin da ke bakin aiki hanyar samunta. Wanda ya shekara goma gaban allo, gwajin koyarwa ba zai ba shi tsoro ba. Ina roƙon ƙungiyarmu ta duba yiwuwar tallafa wa 'yan'uwa da kuɗin rajistar wannan karatu, malamanmu da suka yi ritaya kuma su taimaka da jagora.