Alkawari Kaya Ne: Kalmomin da Suka Ɗauki Littafin Kirista Zuwa Hausa

A cikin motar haya muke, mun baro Gwaram mun nufi Basirka, sai wani saurayi mai ɗauke da allo ya lura da littafin da dattijon kusa da shi ya naɗe a leda. Ya ce, "Baba, wannan ita ce Linjilar taku?" Dattijon ya buɗe littafin, ya kama ganyen da hannu biyu ya raba shi. Ya ce, "Ɗana, Linjila tana nan, a ɗan wannan kason na baya. Mai yawan nan na gaba kuwa Attaura ce da Zabura da littattafan annabawa. Tsohon Alkawari muke ce masa." Saurayin ya ce, "To idan ya tsufa, me kuke yi da shi?"

Har muka sauka tambayar ba ta bar ni ba. Ita ce dai tambayar da masana suka shekara kusan dubu biyu suna juyawa: mene ne matsayin littafin Yahudawa a cikin littafin Kirista, alhali ya cinye wajen kashi uku cikin huɗu na shafukansa? Da na bi kalmomin ɗaya bayan ɗaya, sai na tarar Hausa ta riga ta ɗauko muhawarar a bakinta.

Waɗanda suka fara fassara littafin ba su zo wa Hausa da sababbin sunaye ba, domin sun iske Musulunci ya riga ya shimfiɗa su. Bajamushen nan J. F. Schön, wanda ya yi aiki da Dorugu, yaron ƙasar Damagaram da ya bi matafiyi Barth zuwa Ingila, shi ya fitar da Sabon Alkawari da Hausa a 1880. Cikakken Littafi Mai Tsarki kuwa sai a 1932 ya fito, bayan doguwar hidimar Dokta Walter Miller da abokan aikinsa na Zariya. Attaura, Zabura, Linjila, annabi, wahayi, duk aro ne daga Larabci. Sai dai sunan ɗaya ne, kayan da ke ciki daban. Musulmi idan ya ce Linjila yana nufin littafin da aka saukar wa Annabi Isa. Kirista kuwa yana nufin labarin rayuwar Yesu kamar yadda mutum huɗu suka rubuta: Matiyu, Markus, Luka da Yahaya. Haka Attaura a wurinsa littattafai biyar ne na farko, daga Farawa zuwa Maimaitawar Shari'a, Zabura kuma waƙoƙin yabo da addu'a ne guda 150. Yawancin gardamar bakin kasuwa daga nan take tashi, kowa na tsammanin abokin maganarsa abu ɗaya yake nufi da shi.

Mu ɗauki alkawari. Kalmar Ibrananci ita ce berit, wato yarjejeniyar da ke ɗaure Allah da jama'arsa, kamar wadda aka ƙulla da Ibrahim da kuma ta Dutsen Sina'i. Annabi Irmiya, a babi na 31, shi ya yi maganar wata sabuwa da za ta zo. Kiristocin farko suka ce a kan Yesu ta tabbata, daga nan aka shiga kiran littattafan da suka gabata da sunan tsohon alkawari. Melito na Sardis ya yi amfani da wannan suna wajen shekara ta 170. Da kalmar ta bi ta Helenanci ta shiga Latin sai ta karkata wajen ma'anar wasiyya, abin da mamaci ke bari. Hausa ta fi kusa da asali, domin alkawari a wurinmu magana ce tsakanin rayayyu, kuma kaya ne, sai an sauke. Yahudawa su ba su san littafinsu da wannan suna ba. Tanak suke cewa, daga haruffan farko na kasonsa uku: Attaura, Annabawa da Rubuce-rubuce. Su suna ƙirga littattafai 24, Furotesta sun rarraba waɗannan ɗin zuwa 39, Katolika kuma suna da 46 saboda wasu ƙari.

Alkawari kuwa cika shi ake yi, kuma a nan ne Hausa ta yi dace mai ban mamaki. Matiyu ya sha kawo wani abu daga rayuwar Yesu, sa'an nan ya ce ya faru ne domin maganar wani annabi ta cika. Kalmar Helenancin da ya yi amfani da ita ma'ana biyu gare ta, daidai da tamu: ana cika alkawari, ana kuma cika tulu. Mai karatu na farko ma'anar farko yake kamawa, wato annabi ya faɗa, abu ya auku. Amma a duba babi na biyu, inda aka dawo da jariri Yesu daga Masar. Matiyu ya jingina wannan ga Annabi Yusha'u, wanda wasu bugu ke kira Hosiya. Idan aka koma babi na 11 na littafin annabin, za a ga labarin baya yake bayarwa, na fitowar Bani Isra'ila daga hannun Fir'auna. To ta yaya abin da ya riga ya wuce zai cika? Masana da yawa sun ce ma'ana ta biyu ce ke aiki. A idon Matiyu tarihin Isra'ila tulu ne da aka fara zuba wa ruwa, Yesu ya sake bin sawun jama'arsa har tulun ya kai baki. Masani C. H. Dodd, a littafinsa na 1952, ya nuna cewa marubutan Sabon Alkawari idan sun ɗauko aya guda, dukan sashen da ke kewaye da ita suke so mai sauraro ya tuna. Richard Hays ya ƙara a 1989 cewa wasiƙun Manzo Bulus cike suke da amsa-kuwwar tsofaffin nassosi, ko inda bai ambaci sunan annabi ba. Bahaushe ya san wannan salo: dattijo ya faɗi rabin karin magana, ya bar maka sauran.

Kalmar da ta fi kowace jawo ce-ce-ku-ce ita ce ta littafin Annabi Ishaya babi na 7, aya ta 14. A zamanin Sarki Ahaz, ƙarni na takwas kafin haihuwar Almasihu, annabin ya ba da alamar wata mace da za ta haifi ɗa. Ibrananci ya kira ta alma, wato matashiyar da ta isa aure. Yahudawan Iskandariyya ta Masar, waɗanda suka fara juya littafinsu zuwa Helenanci tun ƙarni na uku kafin Almasihu, suka sa kalmar da ta fi karkata ga wadda ba ta san namiji ba. Wannan fassarar ce Matiyu ya bi a kan Maryamu uwar Yesu. Da wata fassarar Ingilishi ta 1952 ta koma wa ma'anar Ibrananci a Ishaya, sai da hayaniya ta tashi a coci-cocin Amurka. Mu kuwa muna da budurwa, kalmar da ke tsaye a tsakiya: ana faɗinta ga yarinyar da ta isa aure, daga gare ta kuma budurci ya fito. Wannan sauƙi ne ga mai fassara, sai dai yana iya ɓoye wa mai karatu cewa akwai tambaya a wurin.

Ita kanta kalmar fassara dangi gare ta a Ibrananci. A 1947 aka fara gano naɗaɗɗun littattafai a kogunan Kumran, a gefen Tekun Gishiri. Jama'ar Yahudawan da suka ajiye su sukan kawo aya daga annabi irin su Habakuk, su bi ta da bayanin cewa a kansu da zamaninsu take magana. Wannan salo fesher ake kiransa, kuma saiwarsa ɗaya da fassara da tafsiri. Haka midrash, hanyar malaman Yahudawa ta tone nassi, saiwarsa ɗaya da darasi. Binciken ya nuna cewa karanta tsohon nassi da idon yau ba Kiristoci suka fara shi ba. Al'adar Yahudawan wancan zamani ce, kuma manzannin Yesu Yahudawa ne. Kalmar Almasihu ma daga Ibrananci ta fito, ma'anarta wanda aka shafa wa mai domin sarauta, kuma juyinta zuwa Helenanci ne ya haifi kalmar Kirista. Bishara kuwa 'yar'uwar albishir ce, wanda ake amsa wa da goro, kuma littafin Ishaya ya yi amfani da takwararta ta Ibrananci tun kafin a rubuta Linjila.

Saura kalmar da saurayin nan ya yi tuntuɓe da ita, wato tsoho. Wajen shekara ta 144 wani mai suna Markiyon ya ce a yar da littafin Yahudawa ɗungum, ikilisiyar Roma ta kore shi. A zamaninmu wasu masana sun fi son su ce Littafin Ibrananci ko Alkawarin Farko, don gudun kada sunan ya zama raini ga mutanen da har yau da shi suke ibada, suna kuma karanta shi ta tasu fuskar. Damuwarsu tana da tushe, domin akwai tsohon kaya, wanda ake jefarwa a juji. Amma Bahaushe idan ya ce tsohona, mahaifinsa yake nufi. Dattijon motar nan, da ya gama nuna wa yaron littafin, ya haɗa kason biyu ya mayar cikin ledarsa, ya ce, "Ɗana, tsoho ai ba a yar da shi. Gaishe shi ake fara yi kafin a shiga gida."