Jin Ta Bakin Wanda Ake Bi Kafin Ƙwace Dukiyarsa: Nazari a Kan Karɓar Bashin Haraji a Nijeriya

Tsakure

Wannan maƙala ta duba hanyoyin da hukumomin haraji a Nijeriya ke bi wajen karɓo bashi da ƙarfin doka, ta auna su da sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulkin 1999, wanda ya wajabta sauraren kowane ɓangare. An dogara ne a kan nassin dokoki da hukunce-hukuncen kotu. Nazarin ya gano cewa rikicin ya fi tasowa daga jerin matakai: ana fara riƙe dukiya, sannan a saurari mai ita.

Gabatarwa

Babu mai jayayya cewa gwamnati na da ikon tilasta biyan haraji. Sashe na 44 na kundin ma ya yarda a taɓa dukiyar mutum saboda haka. Sai dai bashin gwamnati ya sha bamban da na kasuwa. Ɗan kasuwa sai ya kai ƙara, ya kawo shaida, alƙali ya yanke. Hukumar haraji kuwa ita ke ƙiyasta bashin, ita ke duba ƙorafin farko, ita kuma ke aika jami'an karɓa.

Matakan da doka ta shimfiɗa

A bisa tsari, ana miƙa wa mutum takardar ƙiyasi, yana da kwana 30 ya rubuta ƙorafi. Idan hukuma ta ƙi gyarawa, sai ya ɗaukaka ƙara zuwa kotun sauraren ƙararrakin haraji da dokar hukumar haraji ta tarayya (FIRS) ta 2007 ta kafa. Sai waɗannan ƙofofi sun rufe ne ƙiyasi ke zama tabbataccen bashi.

Inda gizo ke saƙa

Kafin sababbin dokokin haraji na 2025, sashe na 31 na dokar 2007 ya ba hukumar damar naɗa duk wanda ke riƙe da kuɗin mai bashi, musamman banki, a matsayin wakilin karɓa. A 2018 zuwa 2019 an yi amfani da wannan sashe sosai, aka umarci bankuna su riƙe asusun masu hulɗa da su. Abin da ya riƙa faruwa a zahiri shi ne, mai kamfani ya je biyan albashi ko kuɗin kaya, ma'aikacin banki ya ce masa asusun a rufe yake. A bakin kanta yake jin labarin bashin da ba a taɓa aika masa takardarsa ba. A 2019 Babbar Kotun Tarayya da ke Warri ta yanke cewa irin wannan riƙewa da aka yi wa asusun wani ofishin lauyoyi ta saɓa wa doka.

Sai kuma sharaɗin ajiya. Ƙa'idojin kotun haraji na 2021 sun ce mai ɗaukaka ƙara ya fara ajiye kashi 50 cikin 100 na kuɗin da ake jayayya a kai. Illar irin wannan sharaɗi ta fito fili a rikicin kamfanin MultiChoice, wanda hukumar ta nemi naira tiriliyan 1.8 daga gare shi a 2021, aka kuma daidaita a 2024 a kan kimanin naira biliyan 35. Rabin adadin farko ya ninka abin da aka biya a ƙarshe sau fiye da ashirin. Babban kamfani yana da lauyoyin da za su ja. Ƙaramin ɗan kasuwa haƙura zai yi da ƙarar. A Nuwamba 2023 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta soke wannan sharaɗi, bisa dalilin cewa ya tauye haƙƙin ɗaukaka ƙara.

A jihohi, kafin dokokin 2025, sashe na 104 na dokar harajin kuɗin shiga, bayan gyaran 2011, ya buƙaci izinin alƙalin babbar kotu kafin a garƙame wuri ko a kwashe kaya, kuma a jira kwana 14 kafin gwanjo. Ci gaba ne, amma a bayan idon mai bashi aka riƙa neman izinin. Hujjar ita ce kada ya ɓoye dukiya. Hujjar na da ƙarfi a kan kuɗin banki, amma shago ko masana'anta ba sa gudu cikin dare.

Kammalawa

Dokokin haraji huɗu da aka sa wa hannu a ranar 26 ga Yuni 2025 sun sauya FIRS zuwa sabuwar hukuma, sun kuma samar da ofishin karɓar koke-koken masu biyan haraji. A ra'ayin wannan maƙala, bai kamata alƙali ya ba da izinin riƙe asusu ko garƙame shago ba sai hukuma ta nuna shaidar cewa takardar ƙiyasi ta shiga hannun mai ita, kuma wa'adin ƙorafi ya cika.