Lokacin da Aikin Gwamnati ke Ba Mutum Kujerar Majalisa

Da aka buɗe Majalisar Wakilai ta Arewa a Kaduna a 1947, ƙarƙashin tsarin mulkin Richards, kujeru 19 ba na zaɓe ba ne. Na Turawan gwamnati ne: Razdan-Razdan na larduna da shugabannin sassa irin su ilimi, lafiya, gona da ayyuka. Kujerar tana bin muƙami ne. In aka yi wa Razdan na Kano canjin wurin aiki, wanda ya gaje shi ya gaji kujerar.

Ragowar wakilan kuwa, mafi yawansu En'e ce ta zaɓo su daga cikin ma'aikatanta, kamar Abubakar Tafawa Ɓalewa daga Bauchi. Ke nan manomin Kura ko Bunkure, wanda a wancan zamani galibi damina ya dogara da ita, masu karɓar harajinsa su ne masu magana da yawunsa. Ba wai duk 'yan amshin Shata ba ne, don a 1950 Ɓalewa ya tashi a zauren ya nemi a yi wa mulkin En'e garambawul. Amma da wuya mutum ya ɗaga murya ga mai biyansa albashi.

Tsarin Macpherson na 1951 ya kawo zaɓe, sai dai hawa-hawa ne: daga ƙauye zuwa gunduma, har lardi. A matakin ƙarshe an ba En'e damar cusa nata mutanen. Jam'iyyar NEPU ta yi rawar gani a zagayen farko a birnin Kano, amma da aka je ƙarshe ba ta tsira da kujera ba. Kujerun Turawa dai sun yi ta raguwa har Arewa ta sami mulkin kai a 1959, majalisar kanta kuma juyin mulkin Janairun 1966 ya rushe ta.

Yau abin ya juye. Kura tana mazaɓar tarayya ɗaya da Madobi da Garun Malam, Bunkure kuma da Rano da Kibiya. Malamin gona da ke zagaya kanal-kanal ɗin ruwan Tiga a Kadawa, yana duba shinkafa da tumatirin rani, in ya yi sha'awar kujerar ɗaya daga cikin waɗannan mazaɓu, tsarin mulkin 1999 ya ce sai ya ajiye aiki aƙalla kwana 30 kafin ranar zaɓe. In ya faɗi, ba kujera, ba albashi.