Erik: Asali da Tarihin Wani Sunan Maza na Ƙasar Suwidin

Erik suna ne na maza da ya fito daga tsohon harshen mutanen Arewacin Turai, harshen da ya haifi na Suwidin da Denmak da Norwe da Aislan. Yana sahun gaba cikin sunayen da suka fi yawa a Suwidin, inda maza kusan 300,000 ke ɗauke da shi a ƙasar da jama'arta suka ɗan haura miliyan 10. Sai dai ba dukkansu ake kira da shi ba. A can akan raɗa wa yaro suna biyu ko uku a ware ɗaya na kira, kuma Erik ya fi zama a matsayin na biyu, wanda ake sa wa yaro don kakansa. A tsakiyar ƙarni na 20 an yi yayin haɗa shi da wani suna, shi ya sa dattawan yau da yawa suke amsa Lars-Erik ko Jan-Erik ko Karl-Erik.

A tsohon harshen ana cewa Eiríkr, kuma gaɓa biyu aka haɗa. Ta ƙarshe ba ta da rikici: ríkr na nufin mai iko, mai mulki. Ita ce a ƙarshen Henrik da Fredrik, ita ce a farkon Rikard. Masana harshe suna ganin kakannin Jamusawa sun aro ta ne tun kafin haihuwar Annabi Isa daga maƙwabtansu Keltawa, waɗanda sunayen shugabanninsu kan ƙare da rix, kuma 'yar uwa ce ga rex ta Latin da raja ta Indiya. Har sunan ƙasar kanta yana ɗauke da ita, domin Sverige, yadda 'yan ƙasar ke kiran Suwidin, daga Svea rike ya taƙaita, wato daular mutanen Svea.

Gaɓar farko ce ta raba kan masana. Wasu sun mayar da ita ga tsohuwar kalmar aina, wato ɗaya ko shi kaɗai, sunan ya zama "mai mulki shi kaɗai". Wasu kuma sun ce aiwa ce, wato kullum ko har abada, sunan ya zama "mai iko na dindindin". Dokokin sauyin sauti sun yarda da duka biyun, kuma mutanen da suka fara raɗa sunan ba su bar bayani ba. Littattafan sunayen jarirai sun fi son ta biyun saboda ta fi daɗin faɗa, amma daɗin faɗa ba hujja ba ne. Ta farkon tana da ɗan abin da ke mara mata baya, kamar yadda za a gani a batun rangadin sarakuna.

Ana samun sunan a kan duwatsun da aka sassaƙa wa rubutu da tsofaffin haruffan run. Ɗaya daga cikin mafi tsufa shi ne dutsen Sparlösa a lardin Västergötland, na wajejen shekara ta 800, wanda ya ambaci ɗan wani Eiríkr. Haruffan wancan zamani 16 ne kacal, ba su isa sautukan harshen ba, don haka kowane masassaƙi yakan rubuta sunan yadda ya ga dama. Daga baya mutanen Suwidin da Denmak suka dunƙule sautin ei ya koma e, aka sami Erik, yayin da Norwe ta riƙe Eirik, Aislan ta riƙe Eiríkur. A bakin ƙauyawan Suwidin ya zama Erk, Jerk ko Jerker, a Finlan ya zama Erkki da Eero. Takwararsa ta mata ita ce Erika.

Tun kafin Kiristanci ya kafu sunan yana da nauyi a gidajen sarauta. Rimbert, wanda ya rubuta tarihin rayuwar wani mai wa'azin Kiristanci, Ansgar, ya ba da labarin cewa da Ansgar ya koma garin Birka a wajejen 852, ya tarar wani mutum yana shelar cewa allolin gargajiya sun yi fushi da baƙon addini, kuma sun ce in dai ƙarin abin bauta mutane ke so, sun yarda a shigar da wani tsohon sarkinsu mai suna Erik cikin sahunsu. Aka gina wa mataccen sarkin ɗakin bauta, aka riƙa yi masa yanka. Sarki na farko mai wannan suna da tarihi ya tsaya a kansa da ƙafa biyu shi ne Erik Segersäll, wato Erik Mai Nasara, wanda ya rasu a wajejen 995. Laƙabin ya samo shi ne daga yaƙin da aka ce ya ci a filin Fyrisvallarna kusa da Uppsala, kuma da shi ake yawan fara lissafin sarakunan Suwidin. A daidai wannan ƙarni jiragen mayaƙan teku na Viking sun kai sunan nesa: Erik Blodyx ɗan Norwe ya mulki York a Ingila har zuwa 954, Erik Ja ya kafa matsuguni a Girinlan, ɗansa Leif Eriksson kuma ya taka gaɓar Arewacin Amurka a wajejen shekara ta 1000.

Amma wanda ya sauko da sunan daga fada zuwa gonaki wani Erik ne daban, wanda mulkinsa bai wuce shekara huɗu ko biyar ba. Erik Jedvardsson ya hau gado a tsakiyar shekarun 1150. Kusan duk abin da ake faɗa a kansa daga wani labarin waliyyai ne da aka rubuta fiye da shekara ɗari bayan mutuwarsa: sarki ne mai adalci da yawan azumi, ya kai yaƙin yaɗa addini Finlan tare da Bishop Henrik, sannan a ranar 18 ga Mayu 1160 wani yarima ɗan Denmak, Magnus Henriksson, ya far masa da runduna yana cikin coci a inda Uppsala take a yau. Aka ce ya ƙi fita sai da aka idar da ibada, da ya fito aka kayar da shi daga kan doki, aka sassare shi, aka fille masa kai, kuma maɓuɓɓugar ruwa ta ɓullo a wurin. Masana tarihi suna shakkar yaƙin Finlan ɗin. Babu kuma Fafaroman da ya taɓa ayyana shi waliyyi a hukumance. Ɗansa Knut Eriksson da zuriyarsa, waɗanda ke takarar sarauta da gidan Sverker, su suka fi kowa amfana da a ce kakansu shahidi ne, kuma sun yi wa batun hidima yadda ya kamata.

A 2014 aka buɗe akwatin ƙasusuwan Erik da ke babban cocin Uppsala domin bincike, aka fitar da sakamako a 2016. Ƙasusuwa 23 na mutum ɗaya ne, namiji mai shekara 35 zuwa 40, tsawonsa kimanin santimita 171, ƙaƙƙarfa, wanda ya ci kifin ruwan daɗi da yawa a rayuwarsa. A ƙoƙon kansa akwai tabon raunin da ya warke tun yana raye. A ƙwaurinsa akwai saran makami da bai warke ba, kuma an datse ɗaya daga ƙasusuwan wuyansa ta yadda sai an cire masa sulke hakan zai yiwu. Ke nan ta fuskar yadda ya mutu, marubutan coci ba su yi ƙari sosai ba.

Ko da izinin Roma ko babu, talakawa sun karɓe shi a matsayin waliyyin ƙasa. Ranar 18 ga Mayu ta zama Ersmässa, ranar bikinsa, ana zagayawa da ƙasusuwansa ta cikin gonaki don neman albarkar shuka. Manoma sun mayar da ranar ma'aunin shekara: in hatsin rai ya fid da kai a ranar Erik, ana sa ran cin sabon burodi a ranar Olof, 29 ga Yuli. Kan Erik mai rawanin sarauta ya bayyana a hatimin birnin Stockholm a 1376, kuma har yau shi ne tambarin birnin. Suwidin ta bar ɗariƙar Katolika a ƙarni na 16, bikin waliyyai ya mutu, amma kalandar ƙasar ta ci gaba da ware wa kowane suna rana, kuma ta Erik tana nan a 18 ga Mayu. Manomin da ya sa wa ɗansa Erik a 1400 waliyyi yake nufi. Da wuya ya san cewa akwai maganar mulki a cikin sunan.

Akwai kuma kalmar eriksgata, sunan rangadin da sabon sarki ke yi a da. Bayan an zaɓe shi a duwatsun Mora kusa da Uppsala, sai ya bi lardunan ƙasar ɗaya bayan ɗaya, Södermanland, Östergötland, Småland, Västergötland, Närke, Västmanland, ya dawo Uppland. A kowace iyaka mutanen lardin kan tarye shi su ba shi mutanen jingina don amincinsa, shi kuma ya rantse zai kiyaye dokarsu. Ba al'adar ado ba ce: tsohon jerin sarakuna na Västergötland ya ce wani sarki Ragnvald ya shiga musu ƙasa ba tare da karɓar jingina ba, suka ɗauki hakan raini, suka kashe shi. A irin wannan rangadi ne Magnus Eriksson ya soke bauta a garin Skara a 1335 ga duk wanda iyayensa Kiristoci ne. An daɗe ana danganta kalmar da waliyyi Erik, amma masana da dama suna ganin tsohuwar ma'anar sunan ce ta maƙale a ciki, wato hanyar mai mulki shi kaɗai, sarkin da ke bisa dukan larduna. Idan haka ne, to ga shaidar da ta fi karkata ga aina.

Darajar sunan ta kai har ana ara wa baƙo. Da Sarauniya Margareta ta ɗauko jikan 'yar uwarta daga Pommern don ya gaji ƙasashe uku, Denmak da Norwe da Suwidin, sunansa Bogislav. Ta sauya masa zuwa Erik kafin a naɗa shi a Kalmar a 1397.

Sarki na ƙarshe mai sunan shi ne Erik na 14, ɗan Gustav Vasa, wanda shi ma asalin sunansa Gustav Eriksson. Lambar 14 ɗin kanta abin dariya ce. Johannes Magnus, babban limamin Katolika na Uppsala da ya ƙare rayuwarsa a gudun hijira a Roma, ya rubuta tarihin sarakunan Suwidin da aka buga a 1554, inda ya ja salsalarsu har zuwa Magog jikan Annabi Nuhu, ya cike giɓin da sarakunan da ya ƙaga da kansa. Da wannan littafi Erik ya ƙirga takwarorinsa sa'ad da ya hau mulki a 1560. Ƙanensa Karl ya bi sahu ya zama na 9, bayan an lissafa da Karl shida da ba a taɓa yi ba, kuma kuskuren ya biyo gidan har zuwa sarkin yanzu, Carl na 16 Gustaf.

Erik na 14 mutum ne mai ilimi, ya iya harsuna da kiɗa da zane, amma zargi ya cinye shi. Ya nemi auren Sarauniya Elizabeth ta Ingila shekara da shekaru bai samu ba. A Mayun 1567 hankalinsa ya gushe, ya daɓa wa Nils Sture wuƙa da hannunsa a kurkukun fadar Uppsala, ya sa aka kashe wasu manyan fadawa. A 1568 ya ɗaura aure a bainar jama'a da Karin Månsdotter, 'yar wani ƙaramin soja, abin da sarakai ba su yafe masa ba. Kafin shekarar ta ƙare ƙannensa sun tumɓuke shi. Ya mutu a tsare a Örbyhus a Fabrairun 1577. Jama'a sun daɗe suna cewa a miyar wake aka sa masa guba, kuma da aka tone kabarinsa a Västerås a 1958 an sami gubar arsenik mai yawa a gawar, ko da yake gawa ba ta faɗin abincin da aka ci. Ƙanen da ya gaje shi, Johan na 3, shi ne ya sa aka ƙera akwatin azurfar da ƙasusuwan waliyyi Erik ke ciki a yau. Tun daga nan babu Erik da ya sake hawa gadon Suwidin.

A ƙauye kuwa sunan ya ci gaba da yaɗuwa, har ya haifi sunan dangi. A da manoman Suwidin ba su da sunan iyali na dindindin: ɗan Erik shi ne Eriksson, ko Ersson a taƙaice, 'yarsa kuma Eriksdotter. Da yake ɗan fari yakan ci sunan kakansa, gida ɗaya kan yi ta juya suna biyu, Erik Larsson ya haifi Lars Eriksson, shi ma ya haifi Erik Larsson, abin da ke wahalar da masu bin salsala a littattafan coci. A ƙarshen ƙarni na 19 da bayan dokar sunaye ta 1901 aka daskarar da waɗannan sunaye suka zama na gado, mace ma ta koma Eriksson. Lars Magnus Ericsson, da aka haifa a 1846 a Värmland, ɗan wani manomi ne mai suna Erik. A 1876 ya buɗe shagon gyaran na'urorin tangaraho a Stockholm, shagon da ya zama kamfanin Ericsson, wanda masu riƙe da wayar Sony Ericsson a Kano ko Maradi a shekarun 2000 suka san sunansa. Masu kallon ƙwallo kuma sun san Sven-Göran Eriksson, wanda ya horar da Ingila daga 2001 zuwa 2006, ya kuma jagoranci Kodebuwa a gasar cin kofin duniya ta 2010.

A Ingila sunan ya kusa ɓacewa bayan zamanin Viking, sai a ƙarni na 19 ya farfaɗo da rubutun Eric, musamman bayan wani littafin labarin 'yan makaranta na Frederic Farrar da ya fito a 1858, daga nan ya bi Turanci da Faransanci zuwa sauran duniya. A Suwidin kanta, sabuwar dokar sunaye da ta fara aiki ranar 1 ga Yuli 2017 ta sake buɗe tsohuwar ƙofa: iyaye na iya gina wa yaro sunan dangi daga sunan uba ko na uwa, don haka 'yar wani Erik tana iya zama Eriksdotter a takardun hukuma.